Shari'ar Ruwa Tsakanin Masaki da Tsakuwa

Duk wanda ya tashi a Madachi, ko a ɗaya daga cikin ƙauyukan da ke warwatse tsakanin duwatsun Rano da gonakin Kibiya, har ya yi wayo yana raɓe da gindin murhun mahaifiyarsa da safe, lalle ya ga yadda ake saka ɗanwake. Uwargida ta kwaɓa garinta da kuka da ruwan kanwa, ta jira tukunya ta tafasa, sa'an nan ta riƙa gutsuro ƙullin tana jefawa, kowanne ya faɗa ya nufi ƙasa kai tsaye kamar an jefa tsakuwa a rijiya. Ba ta damu ba, ba ta kuma duba agogo ba, domin ta san in lokaci ya yi za su taso ɗaya bayan ɗaya su cika fuskar ruwan, kuma tasowar nan ita ce alamar nuna ta kusa. Abin da ya nutse ɗazu shi ne ya taso yanzu, a tukunya guda, a ruwa guda, ba a rage masa kome ba. Da za a tambaye ta dalili, sai ta yi dariya ta ce ai haka Allah ya yi shi. Gaskiya ta faɗa. Amma Allah da ya yi shi haka bisa ƙa'ida ya yi shi, kuma ƙa'idar nan da ke hukunci a tukunyar ɗanwake ita ce take hukunci a kan kwale-kwalen masunta a tafkin Tiga, ita ce kuma take yanke wa yaron da ƙafarsa ta zame a kududdufi hukuncin rayuwa ko mutuwa.

Kuskuren da yawancinmu muka taso da shi shi ne zaton abu mai nauyi shi ke nutsewa, marar nauyi kuwa ya taso. Ƙaramin nazari ya isa ya rushe wannan zato. Tsakuwar da ba ta kai ƙwayar gyaɗa ba tana nutsewa, alhali gungumen icen da ƙarti huɗu ba sa iya ɗagawa yana tafiya bisa ruwa abinsa. Ashe ba nauyi kaɗai ruwa ke dubawa ba, yana haɗawa da wurin da abu ya tare. Matan gida, su da ke awo kullum, sun fi kowa saurin fahimtar wannan: mudun gero da mudun dusa girmansu ɗaya, amma hannu ya san bambancinsu. To, sai a ɗauka ruwa ma yana da mudunsa. Lita ɗaya ta ruwan daɗi nauyinta kilo 1 ne. Lita ɗaya ta baƙin ƙarfe ta kusa kilo 8, ta dalma ta ɗara kilo 11, ta zinariya ta ɗara kilo 19, amma ta man gyaɗa ba ta cika kilo guda ba, shi ya sa maiƙo ke kwanciya a saman miya, man shanu kuma ya taso a ƙwaryar nono. Duk abin da mudunsa ya fi mudun ruwa nauyi ƙasa zai yi. Wanda bai kai ba zai tsaya a sama.

Dalilin da ya jawo haka kuwa ba ɓoyayye ba ne ga wanda ya taɓa ƙoƙarin danna masaki cikin ruwa. Da zarar abu ya shiga ruwa, dole ya ture wani ruwan daga mazauninsa, shi kuwa ruwan da ke kewaye ba ya daina matsowa, kuma matsinsa a ƙasa ya fi na sama ƙarfi, saboda na ƙasa yana ɗauke da duk wanda ke bisansa. Wannan fifiko na matsin ƙasa shi ke tura abu sama, kuma ƙarfin turin daidai yake, ba ƙari ba ragi, da nauyin ruwan da aka ture. Shi ya sa guga cike da ruwa ba ya yi wa mai ja nauyi muddin yana cikin rijiya bai rabu da ruwan ba, sai ya fito fili ne igiya za ta fara cin tafin hannu. Tsakuwa ma ruwa na tura ta sama, sai dai turin bai kai nauyinta ba. Masaki kuwa, da yake mafi yawan cikinsa iska ce, tun bai shiga ruwa da ɗan yatsa biyu ba ya riga ya ture ruwan da ya kai nauyinsa, sai ya tsaya nan, shari'a ta ƙare. Ɗanwake kuma, in zafi ya ratsa shi, sai ya kumbura, tururi da iska su buɗe masa ƙananan ƙofofi a ciki, girmansa ya ƙaru fiye da yadda nauyinsa ya ƙaru, har mudunsa ya gaza na ruwa, sai ya taso.

Haka mas'alar ƙwai take, sai dai ta bayan gida ta biyo. Mai sayen ƙwan zabi da damina, in tana shakka, takan sa a kawo ruwa a ƙwarya ta zuba su: wanda ya kwanta a ƙasa sabo ne, wanda ya miƙe tsaye ya kwana biyu, wanda ya taso kuwa sai a mayar wa mai shi. Ɓawon ƙwai yana da ƙofofin da ido ba ya gani, ta nan damshin ciki ke fita a hankali iska ta maye gurbinsa, saboda haka girman yana nan yadda yake, nauyin ne ke raguwa kullum. In kuwa aka narka gishiri mai yawa a ruwan ƙwaryar, har sabon ƙwan ma tasowa zai yi, don an ƙara wa mudun ruwan nauyi. Wannan shi ne sirrin Bahar Lut, tafkin nan da ke tsakanin Jodan da Falasɗinu, wanda kusan sulusin ruwansa gishiri ne, litarsa ta kai wajen kilo 1.24, har mutum ya kwanta a kai kamar a kan tabarma. Ruwan teku litarsa wajen kilo 1.025 ce. Namu na Tiga da Challawa da kududdufan bayan gari ruwan daɗi ne, ba ya yi wa kowa irin wannan rangwame.

Wanda aka fara sanin ya rubuta wannan ƙa'ida da hujjojinta na lissafi shi ne Arshimidis, masanin Yunanawa na birnin Sirakusa a tsibirin Sikiliyya, wanda aka kashe a shekara ta 212 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihissalam. Akwai hikayar da ake yawan bayarwa, cewa sarkin garin ya yi tuhumar maƙerin da ya ƙera masa kambin zinariya ya cuɗa da azurfa, shi kuwa Arshimidis ya gano hanyar tona asirin yana cikin wanka. Amma hikayar ba a littattafansa take ba, wani marubucin Rumawa ne ya kawo ta wajen shekara 200 bayan mutuwarsa, don haka a karɓe ta kamar yadda ake karɓar labarin da isnadinsa ya yanke. Abin da ya fi dacewa ɗalibanmu su sani shi ne yadda malaman Musulunci suka ɗauki ilimin nan suka mai da shi awo mai ƙwari. Abu Raihan al-Biruni, wanda aka haifa a 973 a Khwarizm, ya ƙera wani tulu mai ƙunƙuntar wuya da ɗan bututu a gefe, ya cika shi da ruwa, in ya jefa ƙarfe ko dutse mai daraja a ciki sai ruwan da aka ture ya tsiyayo ta bututun ya auna shi, kuma adadin da ya samu na zinariya da zaiba bai yi nisa da wanda masana ke riƙe da shi yau ba. Bayansa Abdurrahman al-Khazini, wanda bawa ne ɗan asalin Rum da aka 'yanta, ya wallafa Mizanul Hikima a birnin Marwa wajen 1121, zamanin Sultan Sanjar, inda ya siffanta ma'auni mai faranti biyar da ake gane jabun zinariya da shi ba tare da an narka ta ba. Ina ganin abin takaici ne a ce yaron da ya haddace Ahalari da Ishmawi a zaure, ya je makarantar boko aka koya masa wannan babi da baƙin harshe, ya fito bai ji sunan al-Biruni ko al-Khazini ba, bai kuma gane abin da ake nufi shi ne abin da uwarsa ke yi in tana rege shinkafa, tana karkaɗa ƙwarya ƙaiƙayi na tasowa tsakuwa na komawa ƙasa.

Mutanen ƙasar Rano tun asali manoma ne da marina, har a lissafin Hausa Bakwai ana kiran Kano da Rano sarakunan baba. Ruwan da kakanninsu suka saba da shi na rijiya ne da karofi da rafin da ke cika da damina ya janye da rani. Babban ruwa baƙo ne a nan. Ya zo ne zamanin Gwamna Audu Baƙo, wanda ya mulki Jihar Kano daga 1967 zuwa 1975, lokacin da aka datse Kogin Kano a Tiga, aikin da aka fara a 1971 aka gama a 1974, ana tsakiyar farin da ya addabi ƙasashen Sahel. Tafkin da ya taru ya mamaye wajen murabba'in kilomita 178, yana riƙe da ruwa kusan mita kubik biliyan 2, daga nan kuma manyan magudanai suka ɗauke shi zuwa gonakin noman rani na Kadawa da Bunkure da Kura. Albarkar wannan aiki ba ta buƙatar shaida, duk wanda ya ci tumatir ko shinkafar Kura ya ɗanɗana ta. Sai dai ruwa ya riga ilimin ruwa isowa. Kabawa da Sarkawan Yawuri sun gaji kogi kaka da kakanni, ɗansu yana koyon iyo kusan tare da tafiya, kuma wanda ya ga bikin kamun kifi na Argungu, wanda aka soma a 1934, ya ga yadda masunci ke kifa cikinsa a kan ƙaton gora ya ratsa kogin Matan Fada hannuwansa biyu na riƙe da koma. Ɗan manomin Rurum ko na Madachi bai gaji wannan ba, ga shi kuwa ruwan ya zo ƙofar gidansa.

Wani abin sha'awa, sunan Madachi ya yi daidai da sunan itacen maɗaci, wanda masassaƙa a Afirka ta Yamma suka daɗe suna fafe kwale-kwale da shi. Busasshen maɗaci bai kai ruwa nauyi ba, ko ba a fafe shi ba zai taso, sai dai mafi yawan jikinsa na cikin ruwa, ba zai ɗauki kowa ba. Fafewar ita ce hikimar. Masassaƙi yana kwashe itace ya bar iska a gurbinsa, ya mai da gungume ɗan'uwan masaki. Da wannan dabara ce ake ƙera jirgin ruwa da baƙin ƙarfe, ƙarfen da in an dunƙule shi zai nutse nan take, amma in an shimfiɗa shi aka lanƙwasa kamar tasa, sai ya ture ruwan da ya ninka nauyinsa. Kowace mace ta san kwanon sha yana yawo a kan ruwan wanke-wanke har sai ruwa ya shiga cikinsa.

To, a nan ne lissafi ke zama maganar rai. Mu ɗauki misalin jirgin fito wanda shimfiɗarsa a kan ruwa ta kai murabba'in mita 6. Irin wannan jirgi, duk santimita ɗaya da ya ƙara shiga ruwa yana ture lita 60, wato nauyin babban mutum guda matsakaici. Ma'ana, kowane fasinja da ya taka ciki yana cinye santimita ɗaya daga tazarar da ke tsakanin ruwa da bakin jirgi. In tazarar taƙi guda ce, mutum 20 sun isa su share ta ƙaƙaf; kuma tun kafin a kai nan, in saura ɗan yatsa uku, igiyar ruwa ƙanƙanuwa ko mutum ɗaya da ya miƙe tsaye don ya gyara zama ya isa ya karkata jirgin ya ɗebi ruwa. Ruwan da ya shiga kuwa kaya ne, kuma mugun kaya, domin ba ya zama wuri ɗaya, duk gefen da jirgi ya karkata can yake gangarawa ya ƙara danne shi, mutane su firgita su ruga ɗaya gefen, shi ke nan sai kifewa. Mai fito yakan ce ai jiya ya ɗauki fiye da haka ya haye lafiya. Ya yi gaskiya, jiya babu iska.

Jihar Kano ta ga wannan da idonta ranar 30 ga Nuwamba 2021, sa'ad da jirgin da ya taso daga ƙauyen Badau ya kife a dam ɗin Watari da ke Bagwai, aƙalla mutum 29 suka rasu, galibinsu yara 'yan makarantar Islamiyya da ke kan hanyar zuwa Maulidi, kuma hukumomi suka danganta haɗarin da yawan lodi. Allah ya jiƙansu. Ingila ma ta sha irin wannan baƙin ciki a ƙarni na 19, lokacin da masu jiragen kasuwanci ke danƙara musu kaya don riba, har wani ɗan majalisa mai suna Samuel Plimsoll ya tsaya kai da fata aka yi dokar 1876, wadda ta wajabta a zana alama a jikin jirgi, in ruwa ya haura ta an wuce haddi. Har yau alamar na jikin manyan jiragen duniya da sunansa, kuma tana da layi dabam na ruwan daɗi da na ruwan gishiri, saboda dalilin nan na ƙwai da gishiri. Zana irinta a jikin kwale-kwale ba ya cin fiye da ragowar fenti da rabin sa'a, kuma amfaninta shi ne ta fitar da maganar daga bakin mai fito ta sa ta a gaban idon kowa, har tsohuwar da ba ta san baƙi ba ta duba ta ce, "Malam, ruwa ya taɓa jan layi, ni kam na fasa."

Saura jikin ɗan Adam, wanda shi ne mafi ban mamaki, domin an halicce shi a kan iyaka, tsakanin masaki da tsakuwa. Ƙashi ya fi ruwa nauyi ƙwarai, tsoka ta ɗara shi kaɗan, kitse bai kai shi ba, huhu kuma salka ce ta iska da ke iya ɗaukar lita 5 zuwa 6 a ƙirjin babban mutum. In aka haɗa duka, mutum mai kilo 60 girmansa bai yi nisa da lita 60 ba, saboda haka numfashi guda ne ke rinjayar da mizani: ya cika ƙirjinsa ya taso, ya fesar ya soma yin ƙasa. Shi ya sa mai ƙiba ya fi saurin tasowa, siririn saurayi mai ƙwanji kuwa, irin wanda noma ya murɗe, sai ya ga ƙafafunsa na ja ƙasa, ya ɗauka wani abu ne ya riƙe shi. Kuma ko wanda ya taso, abin da ke fitowa sama kaɗan ne, bai kai girman kai ba, shi kuwa kai nauyinsa ya kusa kilo 5. Dabarar masu iyo duka ita ce su sa wannan ɗan rabo ya faɗa kan hanci da baki, shi ya sa suke kwanciya rigingine, su sa ƙeya da kunnuwa cikin ruwa, su buɗe hannuwa, su bar ruwa ya ɗauke su.

Wanda tsoro ya kama kuwa kishiyar wannan yake yi, ba da saninsa ba. Yana miƙewa tsaye, ya ɗaga kai, ya ɗaga hannuwa sama yana neman abin kamawa, alhali duk gaɓar da ta fita daga ruwa ta daina ture ruwa, ta koma kaya a kan sauran jiki. In ya samu yin ihu ya zubar da iskar da ke riƙe da shi, in ya buɗe baki ya shaƙa sai ruwa ya shiga. Sau da yawa ma ba ya samun sararin ihun, shiru ake yi, na bakin gaɓa na zaton wasa yake. Hausawa sun ce wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi, kuma wannan karin magana gargaɗi ne ga mai ceto, domin wanda ke nutsewa yakan maƙale wanda ya zo taimakonsa su tafi tare. Shi ya sa masana ruwa suka fi son a miƙa gora ko igiya ko rawani daga nesa, ko a jefa abin da ke tasowa.

Akwai kuma abin da ke faruwa bayan an rasa mutum, wanda ya daɗe yana ƙarfafa zancen 'yan ruwa a bakin jama'a. Ana nema a rasa, sai bayan kwana ɗaya ko biyu ko uku gawa ta taso da kanta, a ce masu ruwan sun gama da shi sun sako shi. Ba na jayayya da kowa a kan samuwar aljanu, amma wannan mas'ala ba ta buƙatar su. Wanda ya nutse iskar huhunsa ta fita, ya fi ruwa nauyi, ya kwanta a ƙasa. Daga baya ƙwayoyin halittar da ke cikin hanji su soma aikinsu, iska ta taru ta kumbura jiki, girma ya ƙaru nauyi bai ƙaru ba, sai ya taso. A ruwa mai ɗumi abin na sauri, a mai sanyi da zurfi yana jinkiri. Haka mataccen kifi ke tasowa ciki sama, har fukaha'u suka yi saɓani a kansa, Hanafawa suka hana cin wanda ya mutu da kansa ya taso, mu Malikawa aka halatta mana. Shi kuwa rayayyen kifi, irin su karfasa, yana da 'yar jakar iska a cikinsa da yake ƙara wa ko rage wa iska, ya tsaya a zurfin da ya so ba wahala. Dorina, duk da zamanta cikin ruwa, ƙashinta ya yi nauyin da ba ta tasowa, tafiya take yi a ƙasan kogi tana tunkuɗo kanta sama in za ta shaƙi iska.

Tun da ratar da ke tsakanin tasowa da nutsewa 'yar kaɗan ce haka, abin da ake buƙata don cike ta ma kaɗan ne. Rigar ruwa ta sosai ba ta ɗaukar nauyin mutum duka, turin da take ƙarawa galibi bai wuce na kilo 5 zuwa 15 ba, gwargwadon irinta, kuma ya wadatar. Kafin a ƙago soson roba, har zuwa Yaƙin Duniya na Biyu, audugar rimi ake cusawa a irin waɗannan riguna, ita dai wannan da ke tashi a iska da bazara muna cusa ta a matashin kai, saboda kowane silinta rami ne da iska a ciki, ga wani maiƙo a bayansa da ke hana ruwa saurin jiƙa shi. Jarkar lita 25 kuwa, irin wadda 'yan garuwa ke jerawa a kura, in babu kome a cikinta aka ɗaure murfinta tam, sai an danna ta da abin da ya kusa kilo 25 kafin ta nutse, wato ta fi rigar ruwa ƙarfin turi. Aibinta guda, riga tana ɗaure a jiki ko mutum ya suma, jarka kuwa santsi gare ta, hannun da ya gaji yakan sake ta, sai fa in an ɗaura mata igiya a mariƙi an yi mata hanju da za a zura hannu. A Madachi da Kibiya da Rurum da wuya a shiga gidan da babu irin wannan jarka a jingine kusa da randa.